Mai Riƙe Gora

Ni ne wanda ba za ku gani ba.
In kun kalli hoton, ku duba sama da hular Ilyasu,
inda haske ya ƙare, duhu ya soma.
Can gorata take, makirufo ɗaure a bakinta,
ni kuwa ina ƙasa, hannu biyu a sama,
kamar mai shanya da aka hana wa igiya.

Siton riɗi ne a bayan kasuwar Gadarif.
Alhaji Dafa'allah ya ba mu aron dare ɗaya,
ya ƙirga buhunansa a gabanmu, ya sake ƙirgawa.
Rufin kwano, bango mai tsawo;
in ka yi tari a bakin ƙofa
sai ya dawo ya gaishe ka daga ƙurya.

Su tara ne. Ba kalangu, ba garaya, ba ko tafi.
Ilyasu tela ke riƙe ƙasa,
muryarsa kamar lori mai hawan tudu da kaya.
Suwaiba, malamar aji uku, tana can sama, siririya.
Tagwayen gidan Gambo sun ajiye raksha a waje,
har yanzu suna ƙanshin fetur.
Sai Baba Mahajub, da kakansa ya taso daga Haɗeja a ƙafa,
niyyarsa Makka, auduga ta tsare shi a hanya.

Tahani ta tuɓe takalmi kafin ta ɗauki kyamara,
kada takunta ya shiga waƙar mutane.
Inna Kaltume na dakan citta a bakin ƙofa,
na je na roƙe ta. Ta ce, "Yau kuma turmi ne maƙiyi?"
Ta rufe shi da ƙwarya.

Amma janareta ya ƙi.
Su ba sa jin sa. Ni da ke da kunnen ƙarfe
ina jin gurnaninsa ƙarƙashin kowane baiti.
Na ce a kashe. Mu'awiya mai fitila ya ce, "Mu ɗauki duhu?"
Sai Siddiƙu direba ya juyo da hancin lorinsa,
ya kashe inji, ya bar idanu biyu a buɗe.
"Minti ashirin," in ji shi. "In batir ya mutu
ku ne masu turi, ba ni da wata jayayya."

Ƙurar riɗi ta tashi cikin hasken.
Gyare ya yi shiru. Ko tattabarar rufi ta daina juyi.

A ɗauka ta huɗu Baba ya kai tsakiyar baitin kakansa,
kalmar ta ɓace masa.
Tara suka tsaya da baki buɗe.
Ba wanda ya ji abin da na ji:
numfashin tsoho yana lalube a maƙogwaro
kamar guga da bai kai ruwa ba,
sai raɗar Suwaiba, leɓe bai motsa ba,
ta miƙa masa kalmar ta bayan kunne.
Ya kama. Ya ja. Ruwa ya fito daga rijiya.

Tahani ba ta yanke ba.
Na ga babban yatsanta a kan maɓalli, yana rawa.

Da asuba muka tura lorin, mu goma sha huɗu,
Baba na ba da umarni daga kan buhu.
Alhaji ya ƙirga, ya samu daidai, ya sake ƙirgawa.
Hannuna sun ƙi ɗaga kofin shayi,
Inna ta kai min baki tana yi min dariya.

Sunana yana ƙarshen fim ɗin, bayan na lori,
an ma cinye masa harafi guda.
Ban damu ba. Shirun nan na tsakiya,
da raɗar da ke cikinsa,
ni na riƙe shi sama da kaina har ya wuce lafiya.
Jiya na buɗe jakar wayoyi,
riɗi ya zubo min a tafin hannu, ƙwaya ƙwaya.